Akurkin Agwagi da Kwabo 88: Yadda Rasit Ya Tona Asirin 'Yan Majalisar Birtaniya a 2009

A wannan makon birnin Landan za mu leƙa, mu waiwayi badaƙalar da ta girgiza majalisar dokokin Birtaniya a shekarar 2009. Mu nan idan aka ce badaƙala, biliyoyi ne ke faɗo mana a rai. Ita kuwa wannan, duk kuɗin da aka ce a mayar wa baitulmali a ƙarshenta bai kai fam miliyan ɗaya da rabi ba. Duk da haka sai da ta raba kakakin majalisa da kujerarsa, abin da rabon a gani tun 1695, ta ci kujerun ministoci, ta kuma kai mutum bakwai gidan yari. Abin da za mu bi diddiginsa shi ne yadda kuɗi kaɗan haka ya yi wannan ɓarna, da kuma dalilin da ya sa aka shekara da shekaru ana yi ba wanda ya sani.

ASALIN ALAWUS ƊIN

Har zuwa farkon ƙarni na 20, ɗan majalisa a Birtaniya ba ya karɓar albashi daga gwamnati. Aiki ne na masu gonaki da masu dukiyar gado, waɗanda za su iya zaman Landan da aljihunsu. Shi ya sa lokacin da ma'aikata suka fitar da takardar buƙatunsu guda shida a 1838, ɗaya daga ciki ita ce a riƙa biyan 'yan majalisa, domin ɗan talaka ma ya iya tsayawa takara. Ba a biya musu wannan buƙata ba sai a 1911, lokacin David Lloyd George yana ministan kuɗi, aka yanka wa kowane ɗan majalisa fam 400 a shekara. Ke nan kyakkyawar niyya ce ta kawo biyan kuɗin tun asali.

A 1971 aka ƙaro wani alawus na daban. Wanda mazaɓarsa take Sikotilan ko arewacin Ingila dole ya kwana a Landan ranakun zaman majalisa, dole kuma ya riƙe gida a cikin mutanen da suka zaɓe shi. Sai aka ce gwamnati ta ɗauke masa nauyin gida na biyu. Sannu a hankali abin ya riƙa faɗaɗa. Wanda ya ci bashin banki ya sayi gida zai iya karɓar kuɗin ruwan bashin, haka kuɗin gyara da na kayan ɗaki. A 2001 'yan majalisar da kansu suka kaɗa ƙuri'a suka ƙara alawus ɗin da sama da kashi 40 cikin ɗari. Zuwa shekarar kuɗi ta 2008 zuwa 2009 ya kai fam 24,006 a shekara, albashin kuwa a 2009 fam 64,766 ne.

Akwai dalilin da ya sa alawus yake ta kumbura, albashi yana tafiyar hawainiya. Ƙarin albashi labari ne na shafin farko a jarida, kowace gwamnati kuma tana gudun a ce ta ƙara wa 'yan siyasa kuɗi. Alawus kuwa ba mai ganinsa. Sai aka fahimci juna ba tare da an rubuta ba, abin da aka hana ka a albashi ka fanshe a alawus. Da yawansu suka daina kallonsa a matsayin kuɗin da ake mayar wa mutum bayan ya kashe nasa a kan aiki, suka ɗauke shi haƙƙinsu ne da ya kamata su cinye kafin shekara ta ƙare.

AN BAI WA KURA AJIYAR NAMA

A wancan lokacin ƙa'idojin alawus suna cikin wani ɗan littafi da ake kira Koren Littafi, kuma 'yan majalisar ne ke tsara su ta hannun kwamitocinsu. Ofishin da ke duba takardu ya biya kuɗi na ma'aikatan majalisar ne, wato mutanen da aka ɗauka domin su yi wa waɗanda suke bincika hidima. Duk abin da bai kai fam 250 ba, ba a neman rasit ɗinsa, sa hannun mai girma ɗan majalisa ya wadatar. Sai a Afrilun 2008 aka rage adadin zuwa fam 25. Kuɗin abinci kuma har fam 400 a wata mutum yana iya karɓa ba tare da ya nuna komai ba.

Ma'aikatan ofishin suna da wata takarda ta sirri da suke auna farashi da ita, wadda aka ɗauko daga farashin kantin John Lewis. Da ta fito fili a watan Maris na 2008, sai jama'a suka ga ashe ana iya biyan har fam 10,000 don sabon kicin, fam 1,000 don gado, fam 750 don talabijin.

Alamu sun fara bayyana tun kafin babbar guguwar. A Janairun 2008 aka dakatar da Derek Conway na jam'iyyar Kwanzabatib na kwana goma, bayan an gano yana biyan ɗansa albashin mai bincike daga kuɗin ofis, alhali yaron yana karatu a jami'ar Newcastle, kuma babu wata ƙwaƙƙwarar shaidar aikin da ya yi. A lokacin an ɗauka laifin mutum ɗaya ne. Amma Hausawa na cewa in ɓera da sata, daddawa ma da wari.

MATAR DA TA CE A NUNA MATA RASIT

Gwamnatin Tony Blair ta jam'iyyar Leba ce ta kawo dokar 'yancin samun bayanai a shekarar 2000, ta fara aiki sosai ranar 1 ga Janairun 2005. Dokar ta bai wa kowa damar rubuta wa hukuma ya nemi takardun da ke hannunta.

Heather Brooke 'yar jarida ce da aka haifa a Amurka, iyayenta 'yan Ingila. Tun tana ƙaramar ma'aikaciya a jihar Washington ta taɓa zuwa majalisar jihar ta nemi takardun kuɗin da 'yan majalisa ke karɓa, aka ɗauko aka miƙa mata ba gardama, ta duba ba ta samu wani abin kirki na laifi ba. Mutanen sun san kowa na iya gani, don haka suke taka-tsantsan. Da ta koma Landan ta nemi irin wannan a majalisar Birtaniya tun 2004, sai ta tarar da ƙofa a garƙame. Wasu 'yan jarida biyu, Ben Leapman da Jonathan Ungoed-Thomas, su ma suka shigar da tasu buƙatar.

Majalisa ta ce ta yarda ta faɗi jimillar abin da kowa ya karɓa, amma ba za ta nuna rasit ba, wai wannan shiga sirrin mutane ne kuma akwai batun tsaro. Aka yi ta jan zare. A watan Mayun 2007 majalisar wakilai ta amince da ƙudurin David Maclean na cire majalisa gaba ɗaya daga ƙarƙashin dokar, sai dai ƙudurin ya mutu a majalisar dattawa saboda an rasa wanda zai ɗauki nauyin gabatar da shi. A Fabrairun 2008 kotun sauraren ƙorafe-ƙorafen bayanai ta ce a saki takardun 'yan majalisa 14, har da na Blair da Gordon Brown da David Cameron. Shugabannin majalisa suka ɗaukaka ƙara da kuɗin jama'a, babbar kotu ta kayar da su ranar 16 ga Mayun 2008.

Daga nan ya zama dole a saki na kowa. Duk da haka a Janairun 2009 Harriet Harman, jagorar harkokin gwamnati a majalisa, ta sake kawo shawarar a keɓe takardun alawus daga dokar. Hayaniyar jama'a ce ta sa aka janye ta cikin 'yan kwanaki. Sau biyu ke nan masu yin doka suka nemi su zare kansu daga dokar da suka yi wa kowa.

FAIFAN DA YA FITA TA BAYAN GIDA

Majalisa ta tura takardun, sama da miliyan ɗaya, zuwa wani ofishin ɗab'i domin a ɗauki hotonsu a kwamfuta, a kuma shafe wuraren da aka ce sirri ne kafin a wallafa. Ma'aikatan da ke wannan aiki su ne talakawan farko da suka ga abin da ke ciki. Kamar yadda Robert Winnett da Gordon Rayner, 'yan jaridar da suka yi aikin binciken, suka bayyana daga baya, cikin masu gadin wurin akwai sojoji da ke hutu, suna aikin gadi domin su sayi kayan kare kai kafin a tura su fagen daga. A lokacin gawarwakin sojojin Birtaniya na ta dawowa daga Afganistan, ana kuma ƙorafin ƙarancin kayan aiki. Wani daga cikin ma'aikatan ya kwafi bayanan duka, yadda suke ba a shafe komai ba, ya zuba a faifan ajiya.

Wani tsohon hafsan sojan kundumbala mai suna John Wick ne ya shiga tsakani. An kai tallan faifan wasu jaridu suka ƙi saye. Jaridar Daily Telegraph, wadda Will Lewis ke shugabanta, ta biya fam 110,000 ta karɓa. Ta killace 'yan jaridarta a wani ɗaki suna bin takardun ɗaya bayan ɗaya, ranar Juma'a 8 ga Mayun 2009 ta fara bugawa. Jaridar ta masu ra'ayin riƙau ce, kuma da ministocin Leba ta fara, sai aka fara cewa siyasa ce. Kwana uku bayan nan ta juya kan 'yan Kwanzabatib, sannan sauran jam'iyyu. Haka ta yi ta sakin labarin kullum har makonni.

Lokacin ma ya taimaka. Tattalin arzikin duniya ya faɗi a 2008, a watan Oktoban shekarar gwamnati ta zuba fam biliyan 37 don ceto manyan bankuna, mutane na rasa ayyukansu da gidajensu. A irin wannan hali ne mai biyan haraji ya buɗe jarida ya ga inda kuɗinsa ke tafiya.

ABIN DA AKA GANI

Sir Peter Viggers ya nemi a biya shi fam 1,645 kuɗin wani akurkin agwagi mai yawo a kan ruwan kududdufin gidansa. Ofishin ma bai biya wannan ba, amma hoton akurkin ya zama tambarin badaƙalar har yau. Douglas Hogg ya haɗa da fam 2,115 na yashe gwalalon ruwan da ya kewaye gidansa na gado a ƙauye. Anthony Steen, da aka tambaye shi kuɗin da ya kashe a kan katafaren gidansa, ya ce a rediyo hassada ce kawai ke damun mutane. Dukansu ukun ba su sake tsayawa takara ba.

Jacqui Smith, ministar cikin gida, ta bayyana gidan 'yar uwarta a Landan, inda take kwana a ɗaki ɗaya, a matsayin babban gidanta. Gidan da mijinta da 'ya'yanta suke a Redditch kuwa ya zama na biyu, wanda gwamnati ke ɗaukar nauyinsa. Cikin takardunta har da kwabo 88 na marfin toshe bahon wanka, da kuɗin finafinan batsa biyu da mijinta ya kalla, wanda tun a watan Maris ya fallasa. Ta sauka a watan Yuni. Firaminista Gordon Brown ya biya ɗan uwansa sama da fam 6,000 kuɗin mai shara da suka yi tarayya a kanta. David Cameron, jagoran adawa, ya mayar da fam 680 na gyaran gida, ciki har da kuɗin sare wata shuka mai yaɗo da ta hau bututun hayaƙinsa.

Babbar dabarar kuwa ita ce wadda jaridu suka laƙaba wa sunan juyi, kamar dai yadda ake juya waina a tanda. Ƙa'ida ta bar wa ɗan majalisa ikon faɗin wane ne gidansa na biyu, kuma yana iya sauyawa. Sai mutum ya ce na Landan ne, ya gyara shi tsaf da kuɗin jama'a. Da ya gama sai ya ce a'a, na mazaɓa ne na biyu, shi ma ya gyara. Wani ya sayar ya ci riba ya sayi wani, a sake sabon lale. Margaret Moran mai wakiltar Luton ta sauya nata zuwa wani gida a Southampton, mai nisan kusan mil ɗari daga mazaɓarta, cikin 'yan kwanaki ta nemi fam 22,500 na gyaran ruɓaɓɓen katako. Hazel Blears, wadda minista ce, ta shaida wa majalisa cewa wani gida na biyu ne domin ta karɓi alawus, da ta zo sayar da shi kuma aka ɗauke shi babban gidanta a wajen hukumar haraji, ta tsira daga harajin riba. Da wuta ta yi wuta ta fito gaban kyamara tana nuna cekin fam 13,332 da za ta biya.

Amsar da kusan kowa ya riƙa bayarwa ɗaya ce, wai bai karya ƙa'ida ba. A mafi yawan lokuta gaskiya suka faɗa, kuma wannan ne ya fi ƙona wa mutane rai, domin kowa ya san wanda ya rubuta ƙa'idar. Ya kamata mu ƙara da cewa a cikin wakilai 646 akwai waɗanda aka duba aka same su tsaf, jaridar ma ta buga sunayensu. Sai dai guguwar ba ta tsaya tantancewa ba, kowa ya sha zagi.

FAƊUWAR KAKAKI

Michael Martin ɗan talakawa ne daga Glasgow, tsohon maƙerin farantin ƙarfe, kakaki tun shekarar 2000. Shi ne ya jagoranci yaƙin hana sakin takardun. Da labarin ya fashe, hankalinsa ya fi karkata ga neman wanda ya fitar da faifan. Ranar 11 ga Mayu ya yi wa Kate Hoey tatas a zauren majalisa saboda ta ce kiran 'yan sanda ɓata kuɗi ne. Wannan ya ƙara tunzura mutane. Douglas Carswell ya shigar da ƙudurin rashin amincewa da shi, wakilai sama da ashirin suka sa hannu. Ranar 18 ga wata ya nemi afuwa, 'yan majalisa suka riƙa miƙewa suna ce masa ya sauka a gaban idonsa. Washegari, cikin jawabin da bai kai minti ɗaya ba, ya ce zai sauka ranar 21 ga Yuni. 'Yan sandan Landan kuma suka ce ba za su binciki wanda ya fitar da faifan ba.

Kakaki na ƙarshe da aka tilasta wa sauka kafinsa shi ne Sir John Trevor a 1695, wanda aka samu da karɓar toshiyar tsabar zinare 1,000 daga hukumar birnin Landan domin ya taimaka wani ƙuduri ya wuce. An zaɓi John Bercow ya gaji Martin. Shi kuwa Martin, bisa al'ada, aka ba shi kujera a majalisar dattawa.

BAƘIN TAWADA

Ranar 18 ga Yunin 2009 majalisa ta saki nata kwafin a intanet, kamar yadda kotu ta tilasta. Shafi bayan shafi an lulluɓe shi da baƙi. An shafe adireshin gidaje, an cire buƙatun da aka ƙi biya, an cire wasiƙun da aka yi musaya da ofishin kuɗi. To idan babu adireshi, ta ina za a gane mutum ya juya gida? Idan babu buƙatun da aka ƙi, ina za a ga akurkin agwagi? Da a ce wannan kwafin kaɗai aka samu, da mafi yawan abin da muka lissafa a sama bai taɓa fitowa ba.

A nan ne labarin yake da sarƙaƙiya. Heather Brooke ta bi doka sama da shekara huɗu ta ci nasara a kotu, amma abin da zai zo hannunta shafaffe ne. Cikakken bayanin ta hanyar sata ya fita, aka kuma saye shi da kuɗi, abin da masu koyar da aikin jarida ke ƙyama. Ta wani gefen kuma, ba don shari'arta ba da ba a tara takardun wuri ɗaya an zuba su a kwamfuta ba, balle wani ya kwafa. Kowane ɗaya ya dogara da ɗayan. Jaridar Guardian ta ɗora shafuka sama da 450,000 na kwafin majalisa a shafinta, ta roƙi masu karatu kowa ya duba na wakilinsa, dubban mutane suka amsa. Tony Blair kuwa, a littafin tarihin rayuwarsa na 2010, ya bayyana nadamarsa a kan kawo dokar tun farko.

HISABI

An ɗora wa Sir Thomas Legg, tsohon babban ma'aikacin gwamnati, aikin sake duba alawus ɗin gida na shekara biyar. A rahotonsa na Fabrairun 2010 ya ce kusan mutum 390, sama da rabin waɗanda aka duba, su mayar da kuɗi. Bayan ɗaukaka ƙara jimillar ta tsaya a fam miliyan 1.12. Gordon Brown kansa ya mayar da fam 12,415. Abin dariya, binciken ya ci kusan fam miliyan 1.16, wato ya ɗan fi abin da aka ƙwato.

Waɗanda suka wuce cin gajiyar ƙa'ida suka shiga ƙarya tsagwaronta, su aka kai kotu. Uku daga cikinsu suka ce suna da rigar kariya a ƙarƙashin dokar 1689 da ta hana kotu tsoma baki a harkokin zauren majalisa. A Nuwambar 2010 kotun ƙoli ta ce cike takardar neman kuɗi ba ya cikin aikin da dokar ke karewa. David Chaytor, wanda ya karɓi kuɗin haya a kan gidan da yake nasa da wani na mahaifiyarsa, ya samu wata 18. Elliot Morley, tsohon minista, ya ci gaba da karɓar kuɗin bashin gidan da ya riga ya gama biya, aka ba shi wata 16. Jim Devine wata 16 saboda rasit na jabu, Eric Illsley wata 12. A majalisar dattawa Lord Taylor ya samu wata 12, Lord Hanningfield wata 9. Denis MacShane ya biyo baya a Disambar 2013 da wata 6. Margaret Moran kuwa likitoci sun ce ba ta da lafiyar fuskantar shari'a, amma kotu ta tabbatar ta karɓi sama da fam 53,000 ba bisa haƙƙi ba.

A zaɓen 2010 wakilai 149 ba su sake tsayawa ba, adadin da ba a ga irinsa ba tun 1945. An kafa hukuma mai zaman kanta, IPSA, ta karɓi ragamar alawus daga hannun majalisa, daga baya har da yanka albashi. An soke biyan kuɗin ruwan bashin gida, sai haya ko otal, kuma ana wallafa abin da kowa ya nema a intanet. Ita wannan hukuma ce a 2015 ta ƙara albashin zuwa fam 74,000, duk da shugabannin jam'iyyu sun nuna ba sa so. A shekarar ce kuma aka yi dokar kiranye. A 2019 Chris Davies, wakili daga yankin Wales, ya amsa laifin ƙirƙiro takardun biyan kuɗi a kan hotunan ofis na fam 700. Doka na buƙatar sa hannun kashi 10 cikin ɗari na masu zaɓe, aka samu kusan 19, ya rasa kujerarsa.

MU FA?

Ba mu kawo wannan tarihi don mu ce Turawa waliyyai ne ba. Mun ga yadda suka yi ta ɓoye-ɓoye har sai da aka fi ƙarfinsu. Amma akwai wurin da labarinsu ya haɗu da namu.

Mu ma mun taɓa ganin kakaki ya faɗi a kan kuɗin gida. A 2007 aka zargi Patricia Etteh da amincewa da kwangilar kusan naira miliyan 628 ta gyaran gidanta da na mataimakinta Babangida Nguroje da sayen motoci. Kwamitin David Idoko ya ce ba a bi ƙa'ida ba. A cikin hatsaniyar da ta biyo baya ne Dakta Aminu Safana, wakili daga Katsina, ya yanke jiki ya faɗi a zauren majalisa ya rasu. Ranar 30 ga Oktoba su biyun suka sauka, a 2011 kuma majalisar ta wanke ta. An sauya mutum, tsarin ya ci gaba da zama yadda yake.

A Maris ɗin 2018 Sanata Shehu Sani ya ce kowane sanata na karɓar naira miliyan 13.5 a wata na gudanar da ofis, ban da albashi. A Agustan 2024 Sanata Kawu Sumaila ya shaida wa sashen Hausa na BBC cewa abin da ke shigo masa ya kai miliyan 21 a wata. Duk lokacin da aka ji irin wannan sai a yi kwana biyu ana cacar baki a Facebook, a wuce wurin. Dalili kuwa jimilla kawai muka sani. Mutanen Birtaniya ma sun san jimillar abin da wakilansu ke karɓa tun 2004, ba abin da ya faru. Miliyan 21 ba ta gaya mana ko an buɗe ofishin mazaɓa, ko ma'aikatan da aka rubuta sunayensu suna nan da gaske, ko man da aka ce an sha ya kai tafiyar da aka yi. Rasit ne ke faɗin wannan, kuma shi ne ke raba mai gaskiya da maƙaryaci. Wakilin da ke kashe kuɗin a kan aiki ya fi kowa asara idan aka bar komai a rufe, tunda jama'a kuɗin goro za su yi musu.

Dokar ma muna da ita. Ƙudurin 'yancin samun bayanai ya shiga majalisar tarayya tun 1999, Obasanjo ya bar mulki bai sa masa hannu ba, sai ranar 28 ga Mayun 2011 Goodluck Jonathan ya rattaba hannu. Ta bai wa hukuma kwana bakwai ta amsa, mai nema ba sai ya faɗi dalilinsa ba, idan aka hana shi kuma yana da damar zuwa kotu. A Landan mutum uku ne suka rubuta wasiƙa suka ƙi gajiya. A cikinmu, wa ya taɓa rubuta wa akawun majalisa yana neman takardun kuɗin ofishin wakilin mazaɓarsa, kuma wace amsa ya samu? Muna son mu ji.

Sai mun haɗu a mako mai zuwa.